Gargaren da Ba a Sa wa Mai

Tun da na dawo ban huta ba. In na zauna gindin dogon-yaro na bakin tasha a Bodinga, kafin a zuba mini shayi wani ya jawo benci: "Buhari, wai da gaske na ruwan teku ba a shan shi?" Wani kuma so yake ya ji ko na ga kifin da ke haɗiye mutum. Malam Haliru na Dingyadi, wanda shi ya jawo mini tafiyar tun farko, ya ce in rubuta sau ɗaya in huta da maimaici. To ga shi. Wanda ya sake tambayata bayan wannan takarda zan miƙa masa, in bai iya boko ba ya nemi mai karanta masa.

Ni mai haƙar rijiya ne, sana'ar da na gada. Mahaifiyata, Inna Hassi, tana Lambara ta ƙasar Shagari, gidan da aka haife ta, can ta koma bayan rasuwar babanmu. Tana da 'yan'uwa maza biyu, wa da ƙane, Altine da Modi. Tana amarya suka ɗauki sanda da buta suka kama hanyar Makka a ƙasa, kamar yadda ake yi a da. Shekara arba'in da 'yan kai, ko wasiƙa. Sai bara Malam Haliru ya tafi Umra ta jirgin ruwan Sudan. A garin Sawakin da ke bakin teku ya ga wani makaho ya yi tuntuɓe, ya ji ya ce, "Kai, wanga dutsi!" Malam ya tsaya ya tambaye shi ko shi wane ne, ya ce Altine na Lambara.

Da labari ya iso, Inna ta aiko aka kira ni. Ta ce, "Buhari, tahi ka ɗauko min yayana. In ya ƙiya, shi hwaɗa maka inda yab bar Modi. Ban son in mutu ban san ko addu'ar mai rai nika yi mai ko ta matacce ba."

Na so in yi gardama, don ina da rijiya biyu a hannu ban kai ruwa ba. Amma na dubi ƙafafunta da suka kumbura tun damina, na ga ba maganar bari sai baɗi ba ce. Na sayar da bijimina, na yi fasfo da katin rigakafi, na kai matata Luba ta zauna da ita. Kayana riga uku ne, da bargo, da gwangwanin man kaɗe saboda kaushin ƙafata.

Daga Sakkwato zuwa Maiduguri ba abin ba da labari, sai dai Kanawa da suka yi ta dariyar Hausata a tasha, su da gaisuwarsu ba ta wuce kalma biyu. A Gamboru aka fara iyaka. Jami'in ya juya fasfona, ya sa na cire hula, ya ce Makka za ni? Na ce a'a, kawuna zan nema. Ya buga hatimi bai ko ɗago ba, ya ce duk wanda ya bi hanyar nan wani yake nema. Ina haye gada na shiga ƙasar masu Faransanci, nan take na zama kurma kuma bebe. A Kusiri na nuna wani abu a tukunya da yatsa ina tsammanin nama ne, ashe busasshen kifi ne da ya kwana biyu a duniya. Na cinye don kunya.

Daga Injamena babbar mota muka hau, a saman buhuna, mun fi mu talatin, kwana huɗu zuwa Abeshe. Al'adarsu a ratsa igiya a kan kayan, kowa ya zura hannu a ciki don kada gyangyaɗi ya jefar da shi. Ina ganin ƙullin da suka yi na san aikin ganin ido ne, da irinsa ko guga ba zan saukar ba. Da muka tsaya salla na kwance na sake ɗaurewa irin namu. Direba ya zo ya ja, ya sake ja, ya dube ni ya ɗaga babban yatsa, ya sa aka matsa mini wuri mai kyau kusa da kan mota. Daga ranar kaina ya kumbura, na ɗauka duk inda igiya take a duniya ni ne malaminta.

A Abeshe na sauka zangon Hausawa, gidan wani tsoho da ake kira Baba Ɗan Yabo. Jin daga Bodinga nake, ya riƙe hannuna ya ƙi saki. Ya yi ta tambayata mutane, wane mai gishiri yana nan, wane wanzami fa? Duk wanda ya ambata, ko dai ban taɓa jin sunansa ba, ko kuwa kabarinsa ma ya baje.

Na ce, "Baba, yaushe kaz zo garin ga?"

Ya ce, "Ai ni ba zama nika yi ba, ɗana. Bisa hanya nike. In Allah ya so, bayan kaka mu tashi."

Jikokinsa na wasa a tsakar gida, babbar cikinsu ta fi ni tsawo. Matarsa ta gaya mini ko bishiya bai yarda a dasa a gidan ba, wai wa zai sha inuwarta. Na ci tuwon da suka ba ni, amma tsigar jikina tashi take yi. Na tambaye shi ko ya taɓa jin Altine da Modi na Lambara. Ya rufe ido, sannan ya ce, "Biyu sunka wuce. Ƙaramin mai dariya na, ga wushirya." Bai san komai bayan wannan ba.

Irinsa na yi ta tararwa har cikin Sudan, unguwa guda, wani wuri ƙauye guda, kowa yana kan hanya, wasu a nan aka haifi ubanninsu. Bayan mun wuce iyaka a Jinena kuma, akwai ƙananan tarin duwatsu jefi-jefi a gefen hanya. Da na tambaya aka ce kaburburan matafiya ƙasa ne. Na riƙa binsu da kallo ina cewa a raina ko Modi na ƙarƙashin ɗaya.

Mutanen Sudan in za su gaisa sai sun dafa kafaɗar juna kafin musabaha. Ranar farko wani ƙato ya kawo hannu wajen wuyana, na goce na dunƙule hannu, aka yi ta dariya. Ba sa durƙusa wa babba. Na durƙusa wa wani dattijo a Ubayyid, ya ɗauka ciwon ciki ne ya kama ni, ya aika a kawo magani. Abincinsu wake ne da man riɗi, safe wake, rana wake, sai wani abu fale-fale mai tsami da suke kira kisira, kamar sinasir ɗin da aka yi wa rowar ƙullu. Su kansu dai ba su da rowa, ba ka wuce masu cin abinci ba su tsare ka ba. Kwana ashirin da uku na yi kafin in ji warin teku.

Sawakin gari biyu ne. Akwai na masu rai a bakin gaɓa, akwai kuma tsohon a kan tsibiri, wanda manyan gidajensa na farin dutse duk sun zube, ba kowa ciki sai kyanwoyi. Ban taɓa ganin irinsu ba. Ba sa gudun mutum, ba sa kuma roƙo. Zama suke a bakin ƙofofin da ba ɗaki a bayansu suna bin ka da ido. Hajja Zara, Bahaushiyar da na sauka gidanta, haihuwar can ce, ta gargaɗe ni kada in kore su, in na ratsa in yi musu sallama. Na yi dariya a gabanta. Da na ratsa da tsakar rana ni kaɗai, sallamar na yi, har da wa barakatuhu.

Ita ta gaya mini inda zan sami Kawu. Ta ce tun tana ƙarama ta san shi, bai taɓa aure ba, bai taɓa kwana a cikin gari ba, a jirgi yake rayuwa. Na iske shi zaune a bakin ruwa kan wani gungume yana tufkar igiya, dogo, ƙashi da fata, da tsagar gidan su Inna a kumatu. Ban kai ga yin sallama ba ya daina tufka, ya karkata kai.

"Tsaya nan," ya ce da Hausa. "Koma baya ka sake tahowa."

Na koma na sake tahowa kamar wawa.

"Wa na?"

"Buhari na, Kawu. Ɗan Hassi, daga Lambara."

"Tahiyakka ta wani ta," ya ce. "Hassi na da rai?"

Na durƙusa na gaishe shi yadda ake gai da manya, na faɗi saƙo duka, har da kumburin ƙafa. Da ya kama hannuna na ji tafinsa, tabo ne mai kauri ya ratsa duka biyun kamar an ɗora masa ƙarfe mai zafi. Ya ce, "Ka gaishe ta. Ba ni zuwa, ina da aiki." Na ce Modi fa? Ya ɗauki igiyarsa ya ci gaba da tufka kamar iska ce ta yi magana.

Ni kuwa jinin Inna ne, taurin kai gado. Na ce ba inda za ni. Rayis, wato shugaban jirgin da Kawu ke aiki, ya dubi damatsana ya yarda in riƙa taya su lodi a bakin abinci.

Jirgin na katako ne, tsawonsa ya kai ɗaki huɗu a jere. Yana da inji, amma injin ya fi Inna yawan ciwo, don haka da iska suka fi tafiya, suna kai dawa da ruwan sha ga masunta da ke zaune can kudu. Na bi su sau ɗaya, kwana biyu, na amayar da duk waken Sudan da na ci tun Jinena. A tsakiyar jirgi akwai ginshiƙi tsaye. A jikinsa ake ɗaga wani dogon ice da ya kusa fin jirgin kansa tsawo, zanen da iska ke turawa a jikin icen yake ɗaure. Mutum ashirin ba sa ɗaga shi da hannu. Su kuwa su biyar ke ɗaga shi, nan ne na saki baki.

Mu a rijiya gargare ɗaya, wato faifan da igiya ke bi ta kansa, muke ratayawa a kan ice, igiya ta hau ta sauka, duk nauyin da ke ƙasa yana hannunka. Su gargare biyu suke haɗawa, ɗaya a sama ɗaya a ƙasa, kowanne gida ne na katako da faifai uku masu kwarmi ke juyawa a cikinsa. Igiya guda ce take zagawa, ta hau ta sauko, ta hau ta sauko, har ta cika su. Sai ka ja kamu shida kafin kaya ya tashi kamu ɗaya, amma nauyin ya rabu, kamar an ƙaro maka maza biyar da ba ka gani. Da irinsa suke ɗaga duro cike da ruwa, da shi suke tsamo ƙarfen da ke tsayar da jirgi. Na yi ta tunanin yadda zan riƙa saukar da zoben siminti a rijiya ba tare da na tara rabin unguwa ba.

Abu ɗaya ya hana ni sakat. Gargaren ƙasa, babban, wanda ke ɗaure a bayan jirgi, tsoho ne baƙi ƙirin, ya sha hannu har yana ƙyalli. Kuka yake yi. Duk busasshen gargare yana ƙara, na sani, amma wannan daban. In aka fara ja sai ya fara ƙasa-ƙasa, ya ja dogon nishi, ya katse, ya sake. Na taɓa jin irin wannan sau ɗaya a Dandin Mahe, ranar da iskar rijiya ta kama wani abokin aikina a zurfin gaba goma sha biyar, yana son ya yi kira numfashi ya ƙi. Ran farko da na ji shi a jirgi sai da na leƙa ruwa. Kawu kuwa kullum a gefensa yake zama in za a ja, kunnensa kusa da katakon. Wani lokaci ya daka tsawa da Larabci, kowa ya tsaya cak, a gyara wani abu a sama, a ci gaba. Na ɗauka girmama tsufansa kawai suke yi.

A sana'armu gargare mai kuka abin kunya ne, kuma haɗari ne, don yana hana ka jin muryar wanda ke ƙasa. Babana ya taɓa marina a kan haka. Sauran gargaren jirgin duk suna shan man kifi, wannan kaɗai aka bari. Na nuna shi ga wani ma'aikacin jirgin, Hamid, mutum mai fara'a mai 'ya'ya huɗu, na kwatanta shafa mai da hannu. Ya kaɗa yatsa da ƙarfi, ya yi maganganu da yawa, ya nuna Kawu. Abin da na fahimta shi ne tsoho ya hana don rigimar tsufa. Da na tambayi Kawu da na huta, amma kwana shida ke nan ina masa magana yana ba ni amsa da "uhm", ni ma zuciya ta ɗebe ni. Na ce bari in yi masa abin kirki ya san ɗan Hassi ba baƙon igiya ba ne.

Ran na bakwai, bayan azahar, zafi ya kwantar da kowa a inuwar rumfa. Icen na ƙasa, igiya a sake take. Na ɗauko gwangwanin man kaɗena, na zare sandar da faya-fayan ke juyawa a kanta, na shafe ta, na cusa mai a kowane lungu, na mayar. Na juya da hannu. Shiru, sumul. Har na ji daɗi. Da na ɗago, wata kyanwa na zaune a bakin gaɓa tana kallona.

Da la'asar iska ta juyo, Rayis ya ce a tashi. Kawu ya lallaɓo ya zauna wurinsa. Mu biyar muka kama igiya, suka ɗauki waƙar da suke ja da ita, ice ya fara tashi. Ba nishi, ba ƙara. Na dubi Kawu ina jiran yabo. Fuskar da na gani ba na fatan in sake ganin irinta. Ya manna kunne a katakon, ya ɗago, ya sake mannawa, yana lalube da hannu, bakinsa na motsi. Mu kuwa muna ta ja, sauƙi ya samu. Ashe a can sama igiyar ta maƙale tana ci, silinta na tsinkewa ɗaya bayan ɗaya. Da gargaren na kuka da muryarsa ta canza, da Kawu ya tsayar da mu. Aikin da yake yi musu ke nan shekara goma, tun da idonsa ya tafi, ni kuma na toshe masa kunne.

Igiya ta tsinke kamar harbin bindiga. Muka zube baya, icen ya faɗo. Ya sami Hamid a cinya.

Ba zan kwatanta ƙarar da ya yi ba. Aka ɗauke shi a kan ƙyaure zuwa asibiti, har na baro garin kuma bai taka ba. Mutum ne da ya raba wakensa da ni kwana bakwai. Rayis ya shafa gargaren, ya shinshina yatsunsa, ya dubi hannuna da ke naso. Ya rarumi wani guntun ice ya yo kaina, ni kuwa ko niyyar karewa ban yi ba, don na san na ci a doke ni. Kawu ne ya miƙe yana lalube ya shiga tsakani, ya yi masa magana a hankali har ya jefar da icen. Gyaran gangar Auzinawa da ake faɗi, ni na yi shi da hannuna, kuma kunyarsa na tare da ni har yau.

Da jama'a suka watse, rana ta yi ja, muka rage mu biyu a jirgi. Kawu ya sa na kwance masa gargaren, ya ɗora a cinya.

"Wanga ba na Rayis ba na, nawa na," ya ce. "Jirgi huɗu nis sake, da shi nika tahiya."

Sannan ya faɗa mini. Da suka iso Sawakin shi da Modi, bayan shekara biyu suna tafe suna ƙodago, ba su da takardar shiga babban jirgi. Suka bi irin wannan a ɓoye, cike da talakawa 'yan'uwansu. A tsakiyar teku iska ta taso, jirgi ya karkata, Modi ya faɗa ruwa. Akwai igiyar ɗaga kaya a zure cikin wannan gargaren. Kawu ya jefa masa bakinta, Modi ya kama, Kawu ya riƙe ɗaya bakin. Amma jirgi gudu yake, ruwa na jan mutum, igiya ta fara zarewa tana cin tafin hannunsa.

"Ba tsinkewa tay yi ba, Buhari. Ba kowa yac ce in saki ba. Zahi nij ji, nis saki." Ya buɗe hannuwansa a kan gargaren. "Tana gudu, abin ga na kuka, har bakinta yah hita. Ina ganin kai nai bisa ruwa. Bai bar kirana ba."

Jirgin ya kai gaɓar can, kowa ya sauka ya nufi Makka. Shi bai sauka ba. Ya ce da wane ido zai tsaya gaban Ɗakin Allah, da wane baki kuma zai koma Lambara, shi da uwarsu ta damƙa wa hannun Modi a bakin gari. Ya zauna a jirgin ya zama ma'aikaci. Da jirgin ya tsufa aka farfasa shi, ya cire gargaren ya tafi da shi.

"Kullum anka ja, shina yi min magana. Na san ice na, ba hauka nika yi ba. Amma in yay yi kuka, ina nan, ban tahi ba." Ya juya faifan da yatsa, ya juya shiru. "Yanzu ka ruhe mai baki."

Na fashe da kuka, ƙato da ni, na ce ya yafe mini, zan wanke man da toka da ruwan zafi. Ya ce mai in ya shiga ice ba ya fita. Sannan ya ce, "Bari. Halan ya gaji. Ko ko ya riga mu tahiya gida."

Washegari da hantsi ya naɗe gargaren a cikin rawaninsa, ya ɗaura masa igiya, ya sa na kai shi inda ruwa ke da zurfi a bakin matsayar jirage. Na miƙa hannu in taya shi, ya buge hannuna. Shi kaɗai ya saukar da shi, kamu bayan kamu, a hankali, har igiyar ta yi sako-sako alamar ya taɓa ƙasa. Ya tsaya riƙe da ita tsawon da mutum zai karanta Yasin, sannan ya buɗe hannu. Ko ya halatta ko bai halatta ba, wannan na bar wa su Malam Haliru. Daga nan ya ce in kai shi wurin Inna. Kafin mu bar gari muka je wurin Hamid. Na durƙusa na roƙi gafara, na bar wa matarsa duk abin da zan iya bari. Shi dai bango ya juya wa fuska.

Dawowa ta fi zuwa wuya, ga makaho, ga saman mota. Kawu ba ya magana sai jan carbi. A Abeshe ya ƙi mu sauka zango, wai ba ya son a tambaye shi. Muka zauna wurin wata mai shayi a bakin tasha da hantsi, ta ajiye mana kofi uku.

Na ce, "Kawu, kohi ukku ta aje."

Ya tambaye ta da Larabci, ta ba shi amsa tana nuna bayanmu da haɓa. Na waiwaya, ba kowa sai bango.

"Mi tac ce?"

"Sha shayinka."

Na ukun nan muka bar shi yana tururi. Mai yiwuwa wani fasinja ta gani ya biyo mu ya juya. Haka nake gaya wa kaina.

Mun iso Lambara ranar Laraba da la'asar, ana cirar albasa. Tun daga Bodinga Kawu ya fara rawar sanyi, ga rana na dukan mutum. Inna na kan tabarma a ƙofar ɗakinta, an jingine ta da bango, ƙafafun sun ƙara hawa. Ba wanda ya gaya mata, tana ɗaga ido ta ce, "Yaya." Na zaunar da shi a gabanta. Ta shafa fuskarsa, ta bi tsagar da yatsa, ta kama hannuwansa ta juya su ta ga tabon. Mata sun cika tsakar gida, ba mai tari.

"Ina Modi?"

Na ɗauka zai ce Allah ya yi masa cikawa a hanya, ya tsaya nan. Ni kaina abin da na shirya faɗi ke nan in ta tambaye ni. Amma ya faɗa mata duka, a gaban kowa, bai rage komai ba.

Inna ta daɗe tana kallon hannuwan nan.

"Shekarunka nawa sa'annan?"

"Ishirin da biyu."

"Shi ruwa yac ci shi rana ɗaya," ta ce cikin fushi. "Kai ko da ranka kab bari uwammu tam mutu tana dibin hanya. Biyu nir rasa, Yaya, ba ɗaya ba. Na Modi Allah yay yi. Naka kai kay yi."

Kawu ya sunkuyar da kai, hawaye na bin tsagarsa. Ban taɓa jin tausayin namiji kamar ran nan ba, kuma ban ga laifinta ba. Duk da haka ba ta ture shi ba. Ta juya wajen matata ta ce, "Luba, jiƙa gero, a yi gumba. A aika masallaci a hwaɗi an yi muna rasuwa."

Ladan ya zo da kansa, tsoho ne sa'an Kawu, ya tsaya a bakin zaure yana salati, don ya ɗauka Inna ce. Da aka ce ba ita ba ce, ya ɗaga murya ya tambayi wa ya rasu, kuma yaushe, don ya san abin da zai gaya wa jama'a. Muka dubi juna. Inna ce ta amsa daga inda take.

"Modi na, ƙanena. Ka ce yau."

Haka kuwa ya faɗa bayan magariba, muka fitar da tabarmi ƙofar gida.